Yadda Gadona Ya Yi Mini Motsa Jiki Wata Biyu

“Sha bakwai! Sha takwas! Oya, Mama Liman Abaji, kar ki tsaya, saura biyu!”

Malama Gires ke nan a cikin waya tana ƙirga mana tsugunno, gumi na tsiyaya a goshinta. Ni kuwa ina zaune daram a bakin gadona na ƙarfe, kwanon ƙosai a cinya, ina danna jikina ƙasa sifirin yana cillo ni sama. In lotsa, in taso. In lotsa, in taso. Wayar tana jingine da fulas a kan durowa, daga kafaɗa zuwa ɗankwali kawai take nuna mata. Har nishi nake ƙarawa don abin ya yi armashi.

“Ashirin! Weldon, Mama! Ku yara, ku dubi tsohuwa, ko kunya ba kwa ji?”

Na haɗiye lomar da ke bakina na ce, “Ba ni ba ce, 'yar nan, Allah ne.”

In dai ina numfashi ba zan manta da abin da wannan gadon ya jawo mini ba. Kuma tunda Allah ya nufa na koyi rubutu da tsufana (sai da na haura sittin na fara riƙe fensir a ajin yaƙi da jahilci), gara in rubuta da hannuna, don Iya Risi, abokiyar cinikina, ta riga ta kai labarin kasuwa ta zuba masa gishiri da attarugu.

Ga yadda aka yi. Likita ya auna ni ya ce jinina ya hau, jiki ya yi nauyi, gwiwa kuma ta gaji da ɗaukar kaya. Ni ban ɗauki abin da zafi ba, amma 'yata ta ɗauka. 'Yar fari ce, ba na faɗin sunanta, 'Yar Abuja nake ce mata don can take aiki. Ta dage sai ta kwashe ni na koma wurinta. Na taɓa yin kwana tara a gidan nan nata, na san abin da ke can. Bene ne hawa na uku, ba tsakar gida, ba kaza, ba akuya, maƙwabci bai san sunan maƙwabci ba. In ka yi sallama bango ne zai amsa maka. Ni da nake unguwar Liman Abaji tun ina amarya, mangwaron da ke tsakar gidana da hannuna na dasa shi, a ce in je in zauna a sama kamar jemage? Na ce ba inda za ni.

Ta ce, “To Hajiya, zaɓi biyu ne. Ko ki shiga ajin motsa jiki na waya, mata zalla ne, wata uku ba fashi, malamar ta ba ni shaida. Ko in zo da mota.”

Na ce a kawo ajin.

Kafin in ci gaba, akwai abin da na gani a kwana taran nan da ya kamata ku sani. Ita 'Yar Abuja Talata da Alhamis kawai take zuwa ofis, sauran ranakun wai daga gida take aiki. Na zuba ido in ga wannan aiki. Sai ta yafa mayafi mai tsada, ta shafa janbaki, ta ɗora tabarau, ta zauna gaban kwamfuta. Daga ƙirji zuwa sama ka ce matar gwamna. Daga ƙirji zuwa ƙasa kuwa tsohon zanin da ko goge-goge ba zan yi da shi ba, da silifas wari da wari, ga tiren wake a cinya tana tsincewa, tana ce wa ogansu, “Yes sa, yes sa.” Na dai ajiye a raina cewa ashe waya abin da ka nuna mata shi take gani.

Ranar farko ta aji tsakanina da Allah na yi. Malama Gires 'yar Sabon Gari ce, nan Keffi aka haife ta, amma yanzu can wajen Abuja take zaune, daga ɗakinta take koyar da mu Litinin, Laraba da Juma'a da hantsi. Hausarta da ɗan gargada, sai ta haɗa da “oya” da “chai”, amma yarinyar kirki ce. Ta ce a tsuguna a tashi. Na yi uku. A na ukun na ga taurari da rana tsaka. Ranar a zaune na yi azahar, a zaune na yi la'asar, akuyata ma sai maƙwabciya ce ta ba ta dusa.

Ranar Laraba ana cikin yi na ce bari in ɗan ɗosana a bakin gado in huta. Gadon nan na aurena ne, na ƙarfe mai rumfa, irin wanda yanzu ko a kasuwa ba a samu. Ina zama ya lotsa ya dawo da ni. Sai na ji murya daga waya, “Yauwa Mama! Haka ake yi! Ƙara!”

Na dubi waya, na dubi gado. Shaiɗan ya matso kusa ya ce, “Hajiya, kin tuna tiren wake?”

Shi ke nan. Daga ranar na zama gwana. A ce goma, in yi sha biyar. A ce gudu a tsaye, in ƙara wa gado wuta, kafaɗu na rawa, ɗankwali na zamewa. Na ajiye buta a gefe, in malama ta juya baya in yayyafa wa fuskata ruwa ya zama gumi. Da na ga hannuwa ba su da aikin yi a ƙasa, sai na sama musu ƙosai. Wata rana kunun gyaɗa, wata rana ɓarar agushi.

Matsala ɗaya, gadon yana kuka. Ƙiƙi-ƙaƙa, ƙiƙi-ƙaƙa. Ranar nan malama ta tsayar da kiɗa ta ce, “Ku yi shiru. Wace ce wayarta ke ƙara haka? Mama, daga wurinki ne.”

Ban ko ƙifta ido ba na ce, “Gwiwa ce, 'yar nan.”

Ta dafe ƙirji. “Chai! Gwiwa ke wannan kukan kuma kina yi? Mama, Allah ya ba mu irin zuciyarki.”

Iya Risi ma tana ajin. Bayarabiya ce mai sayar da tattasai da attarugu a Sabon Gari, mun fi shekara talatin muna ciniki muna faɗa. Da ta ji kukan gwiwata, da yamma sai ga mai keke ya kawo mini kwalbar man zafi, wai daga garinsu aka kawo mata, in dinga shafawa safe da yamma. Na ɗan ji kunya, ba zan ɓoye ba. Amma kunyar ba ta hana ni ɗauko man gyaɗa na bi sifirin ɗin nan ɗaya bayan ɗaya na ɗiga masa ba. Ranar Juma'a gado ya yi tsit.

Malama ta yi tsalle. “Kun ji? Kun ji gwiwar Mama ta daina kuka? Wannan shi ne amfanin motsa jiki!”

Iya Risi ta cusa fuskarta cikin waya ta ce, “Wane motsa jiki? Maina ne! Alaja, faɗa musu gaskiya.”

Na ce, “Duka biyun ne.” (Allah ya yafe mini. Mai dai an shafa, ba a nan ne aka shafa ba.)

To ita malama tana da wani tsari. Asabar ɗin ƙarshen kowane wata takan zo Keffi da kanta, ta kama wani ɗakin taro a Sabon Gari bayan garejin makanikai. Na kusa su zo da ƙafarsu, na nesa su shiga ta waya. Watan farko na gudu garin Gitata wajen suna. Mai jegon ma ban san ta sosai ba, jikar ƙanwar wata ƙawata ce, sai da na yi bayani a bakin ƙofa kafin a ba ni tabarma.

Wata na biyu ba mafita. 'Yar Abuja ta kira ni muryarta har rawa take don murna.

“Hajiya, malama ta ce ke ce ta ɗaya a aji! Ranar Asabar za ta ba ki kyauta a gaban kowa. Ni ma zan shiga ta waya in gani da idona. In na gani, wallahi na bar maganar Abuja har abada.”

Na ce, “Ai kuwa ranar akwai wani biki a...”

“Hajiya, ko bikin wa ake yi. In ba ki je ba, Lahadi ina tafe da mota.”

Ranar Juma'a bayan la'asar na kama ƙyauren ɗaki na gwada tsugunno na gaskiya. Ban kai rabi ba gwiwa ta ce, “Wa ya aike ki?” Sai na yi wa kaina dabara: in na je zan laɓe a sahun baya, bayan masu jiki, in dinga ɗaga kafaɗa kamar yadda na saba. A cikin taro wa zai duba ƙafar tsohuwa?

Asabar na sa atamfata da hijabi, na zura kambas ɗin da 'Yar Abuja ta saya mini tun farkon aji. Ranar na fara sa shi, ashe ko takardar da ake cusawa a ciki ban cire ba, na ɗauka haka yake da matsi. Na hau keke sai Sabon Gari.

Ɗakin cike da mata, kowa da 'yar tabarmarta, kiɗa na tashi. A bango an rataye wata ƙatuwar talabijin, fuskokin na nesa a cikin ƙananan akwatuna kamar gidan tattabaru. Can a kusurwar sama ga 'Yar Abuja da mayafinta tana ɗago mini hannu. Wallahi abin da na fara yi shi ne waige-waige ko akwai wani abu mai sifirin a ɗakin. Babu. Kujerun roba ne kawai a jingine.

Iya Risi ta tare ni. Matar nan ta faɗa, wuyanta ya fito, tafiya take kamar budurwa. Ta kalle ni sama da ƙasa.

“Alaja, idona ne ko ƙiba kika ƙara?”

Na ce, “Tsoka ce.”

Ban kai ga sahun baya ba malama ta hango ni. Ashe 'yar firit ce, a waya ne take cika ido. Ta rugo ta rungume ni tana “Mamana! Mamana!”, ta ja hannuna har gaban taro. Ta sa aka rage kiɗa ta fara jawabi. Wai ga tsohuwar da ba ta taɓa fashi ba. Wai ga wadda gwiwarta ke kuka amma ba ta bari ba har gwiwar ta yi shiru. Ta ɗaga wani farin tawul sabo fil ta ce nawa ne, amma kafin nan Mama za ta yi mana ashirin, mu kuma mu ƙirga mata.

Na dubi wayar da ke ɗaukar mu. An kafa ta a kan wani ƙarfe mai ƙafa uku, can nesa. Na dubi talabijin, sai ga ni tun daga hijabi har kambas, ba abin da ya ɓuya.

Na ce, “'Yar nan, ba za a matso da wayar kusa ba? Daga kafaɗa ma ya isa.”

“A'a Mama, yau sai duniya ta ga ƙafar nan.”

Na yi bisimilla. Na miƙa hannuwa gaba kamar yadda nake gani ana yi. Na tafi ƙasa.

“Ɗaya!” in ji ɗaki gaba ɗaya.

Sauka ba ta yi wuya ba, ƙosan wata biyu ya taimaka. Na isa ƙasa lafiya lau. To, a nan na zauna. Na ce wa gwiwa tashi, ta ce ba da ita aka yi alkawari ba. Na jira a cillo ni sama kamar kullum, siminti bai san wannan aikin ba. Mata sun buɗe baki suna jiran su ce “biyu”, biyu ta ƙi zuwa.

Sai malama ta buga tafi. “Kun gani? Riƙewa take yi! Wannan shi ne mai wuyar, ni ban ma koya muku ba tukuna! Oya, mu ƙirga mata!”

Suka fara tafi suna ƙirga daƙiƙa. Ina tsugune kamar kaza a kan ƙwai, idona ya firfito, gumi na gaskiya yau ya zo ba buta. Ina jin 'Yar Abuja daga bango tana cewa, “Hajiyata ke nan!” Da suka kai ashirin da biyar na ga in ban yi magana ba a nan za a yi mini sallah.

Na ce, “Ke 'yar nan, kashe kiɗan nan ki zo ki ɗaga ni.”

Ta kamo hannuna ta ja. Ina! Ita 'yar firit, ni buhu. Maimakon in taso sai na tafi da baya, na zube tim, ƙafafu a sama. Kambas ɗaya ya fice ya yi gefe, takardar ciki ta faɗo. Sai da mata uku da Iya Risi suka taru, wata na cewa “kama nan”, wata na cewa “a'a, ta ƙugu”, kamar ana ɗora buhun masara a kan amalanke, kafin a aza ni a kujerar roba.

Da a nan abin ya tsaya da na ce jiri ne ya ɗebe ni, ƙaryar tana bakina ma. Amma sai na ga malama ta durƙusa a gabana tana taɓa gwiwata, idonta ya kawo ruwa.

“Mama, ni na ja miki. Ni na sa ki ashirin-ashirin kullum, na lalata miki gwiwa. Wayyo, wa zai ƙara ba ni uwarsa in koyar?”

Yarinya tana neman abincinta da guminta, in bar ta da wannan? Ni maƙaryaciya ce ta wata biyu, amma ba azzaluma ba ce.

Na ce, “Tashi, 'yar nan. Gwiwar nan ba ki taɓa ta ba, ni ma ban taɓa ta ba. Gado ne.”

“Gado?”

“Gadon aurena. Mai sifirin. Shi yake yi, ni zama kawai nake.”

Iya Risi ce ta fara magana. “To kukan gwiwar fa?”

“Shi ne.”

“Man zafina fa?”

“Naki yana nan ban buɗe ba. Man gyaɗa na sa masa.”

Wata mata ta faɗi a kan tabarmarta tana dukan ƙasa. Dariya ta ɓarke har makanikai suka leƙo ta taga sai da aka kore su. Iya Risi ta ɗora hannu biyu a ka tana zagaye ɗaki tana, “Alaja ta kashe ni! Ni ina can ina mutuwa a kan siminti, ashe da gado nake gasa!”

Mutum ɗaya ce ba ta yi dariya ba. Muryarta ta fito daga bango, kowa na ji.

“Hajiya. Wata biyu kina yaudarata? Ina ta yi wa mutane alfahari? Ki haɗa kayanki, gobe ina tafe.”

Na ga mangwarona, na ga akuyata, na ga benen nan hawa uku. Kunya ta riga ta gama da ni, ba sauran abin da zan adana. Na gyara zama na fuskanci talabijin.

“Ke, a wurin wa na koya?”

“Ban gane ba, Hajiya.”

“Wa ke yafa mayafin Dubai a sama, tsumma a ƙasa, tana tsintar wake tana ce wa oga yes sa? Tun ɗazu ina ganin ki kina ɗaga hannu wai kina motsa jiki tare da mu. Miƙe tsaye mu ga ƙafarki.”

“Hajiya, wannan ai daban ne...”

Iya Risi ta ɗauka, “Ta miƙe! Ta miƙe!” Mata suka amsa da tafi. Sai akwatin 'Yar Abuja ya yi baƙi ƙirin.

Malama ta share hawaye, yanzu na dariya ne, ta juya ga bango ta ce, “Oya, duk na waya, kowa ta ja da baya in ga ƙafa.” Jama'a, sai akwatuna suka fara mutuwa ɗaya bayan ɗaya kamar an ɗauke wuta layi-layi. Wata ba ta yi saurin kashewa ba, muka gan ta zaune a kan buhun shinkafa a shagonta. Ashe ba ni kaɗai ba ce, ni dai na fi su kayan aiki.

Da aka natsu malama ta ce, “Mama, da kin faɗa mini tun farko. Akwai na tsofaffi, da kujera ake yi. Ki zauna, ki miƙe, shi ke nan. Gwada mu gani.”

Na dafa gwiwa na miƙe. Na zauna. Na miƙe. Na yi huɗu, na huɗun da salati na ƙarasa shi. Ta ce huɗun nan sun fi mata ashirin ɗin gado.

Ana haka akwatin kusurwa ya dawo. Ashe tana ji, fuskarta kawai ta ɓoye. Ta ce, murya ƙasa-ƙasa, “Na ga huɗun. A sake sabon wata uku daga farko. Amma wayar a bakin ƙofa za a dinga ajiyewa, daga kai har ƙafa.”

Na ce, “Na yarda. Ke ma ki shiga ajin, kuma ke ma daga kai har ƙafa.”

Tawul dai malama ta ce ta riga ta saya, in tafi da shi. Iya Risi ta ce a kai wa mai shi. Na kuwa kai masa, yana nan rataye a rumfar gadon. Abin da na koya, in za ki yi ƙarya ki yi ta daidai wa daida, kar ki ƙware har a kira ki karɓar kyauta.

Ranar Litinin na jingine waya a dokin ƙofa, na ajiye kujerar roba a tsakar gida ƙarƙashin mangwaro, akuya na kallona. Na yi shida. Ina haki na duba akwatin 'Yar Abuja. Ga ta tsaye da kambas, daga kai har ƙafa kamar yadda aka ce. Can gefen ƙafar tebur kuwa, bakin tire ya leƙo.

Na ce, “Malama, dakata. Ke, ture waken nan gefe kar ki taka, abincin jikokina ne.”